Kaka ta ce yunwa, ƙanenta ya ce haraji: wa zan gaskata?

"Assalamu alaikum Malam. Ni 'yar Daura ce, ina so in rubuta littafi a kan yadda gidanmu ya baro ƙauye ya dawo cikin gari tun zamanin Turawa. Kakata ta ce yunwa ce ta taso su, har sai da mahaifinsu ya sayar da dokinsa. Ƙanenta kuma ya rantse rigimar haraji ce da dagaci, kuma su ba su taɓa mallakar doki ba, jaki ne. Dukansu suna nan da hankalinsu, kuma ba maƙaryata ba ne. Ga shi kuma na kalli wani fim na tarihin Bayajida, abin da aka nuna ya saɓa wa wanda aka ba mu muna yara. Shin abin da mutum ya tuna abin dogaro ne? Kuma marubuci yana da ikon ya ƙara abin da ba a faɗa masa ba?"

Wa alaikumus salam, 'yata. Allah ya ƙara wa tsofaffin nan lafiya, ya sa a gama da su lafiya. Tambayoyi biyu kika ɗaure da igiya ɗaya: yadda mutane biyu masu gaskiya za su ga abu ɗaya su ba da labari biyu, da kuma iyakar da mai alƙalami ko mai fim zai tsaya in ya taɓa abin da ya wuce. Na daɗe ina yawo da rikoda a garuruwan Katsina da Daura ina zama gaban dattawa, kuma wannan damuwa taki ita ta fara hana ni barci tun ina sabon shiga. A lokacin nakan dawo da kaset biyu masu karo da juna, in zauna ina neman wanda zan jefar. Yanzu ba na jefar da ko ɗaya.

Ginin ƙasa da yaɓe

Mukan ɗauka kan mutum kamar rumbu ne: abin da ka zuba da kaka shi za ka ɗebo da bazara. Ba haka yake ba. Ya fi kama da ginin ƙasa. Ki dubi hasumiyar Gobarau a Katsina. Tana tsaye shekaru ɗaruruwa, amma ba don ƙasar farko ta ƙi zaizayewa ba, sai don ana ta yi mata yaɓe. Kowane yaɓe yana tsare ginin, kuma kowane yaɓe yana ɗan sauya shi. Haka tunawa take. Duk lokacin da kakarki ta ba da labarin tasowarsu, sake gina shi take yi da ƙasar da ke hannunta a ranar: abin da ta gani, da abin da ta ji daga uwarta, da abin da shekaru suka koya mata.

Masu binciken halayyar ɗan Adam sun gwada wannan. A 1932 wani malami a Jami'ar Kambirij ta Ingila, Frederic Bartlett, ya buga sakamakon wani gwaji nasa. Ya ba Turawa wata tatsuniya ta mutanen asalin Amurka ta Arewa su karanta, sannan ya riƙa sa su maimaita ta bayan kwanaki da watanni. Labarin ya yi ta gajarta, abin da ya zo musu baƙo suka zubar da shi ko suka mayar da shi irin wanda suka saba da shi, ba tare da sun san sun yi ba. A 1974 kuma Elizabeth Loftus da John Palmer a Amurka suka nuna wa ɗalibai fim ɗin haɗarin mota, suka tambaye su gudun da motocin ke yi. Waɗanda aka tambaya da kalma mai ƙarfi, irin "ragargajewa", sun faɗi gudu fiye da waɗanda aka ce wa motocin sun bugi juna kawai. Bayan mako guda aka tambaye su ko sun ga fasasshen gilashi. Waɗanda suka ji kalma mai ƙarfin sun fi amsa cewa sun gani, alhali babu gilashin da ya fashe a fim ɗin. Ki riƙe wannan da kyau, don ke ma mai tambaya ce yanzu, kuma kalmar bakinki tana iya shiga labarin kaka ta zauna.

Abin da ya fi ba ni tsoro shi ne sakankancewa ba hujja ba ce. Washegarin ranar da kumbon Amurka mai suna Challenger ya tarwatse a Janairun 1986, wani masanin halayyar ɗan Adam, Ulric Neisser, ya sa ɗalibansa suka rubuta inda suke da wanda ya ba su labari. Bayan kusan shekara uku aka sake tambayarsu. Da yawa suka ba da wani labari daban, suna kuma da tabbaci a kansa, har wasu aka nuna musu rubutun hannunsu amma tunaninsu bai koma ba. Ni kaina na ɗanɗana wannan. Na shekara fiye da ashirin ina ba da labarin ranar Juma'ar da aka kashe Janar Murtala, 13 ga Fabrairu 1976: muna aji, malaminmu na lissafi ya shigo idonsa jajir ya ce mu rufe littafi. Ina ganin rigarsa har yau. Sai wani abokin karatuna ya nuna mini, da takarda, cewa wannan malami bai zo makarantarmu ba sai shekarar da ta biyo. Tashin hankalin ranar gaskiya ne, amma fuskar da na ɗora a kansa aro ce. Abin ya girgiza ni, kuma tun daga nan ban ƙara kallon tsoho da ya saɓa wa takarda da idon zargi ba.

Mu kuma ba sai mun je Kambirij ba kafin mu san haka. Malaman hadisi sun daɗe da raba abu biyu a jikin mai ruwaya: adalcinsa, wato ba ya ƙarya, da kiyayewarsa, wato yana riƙe abu yadda ya ji shi. Mutum yana iya zama salihi mai tsoron Allah amma a ce haddarsa ba ta da ƙarfi. Sukan ma bambanta abin da aka ɗauka daga malami kafin tsufa ya rikita masa hadda da wanda aka ɗauka bayan nan. A hadisin Zul Yadaini, inda Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya sallame bayan raka'a biyu a salla mai huɗu, Ibn Sirin ya ce Abu Huraira ya faɗa masa wace salla ce, amma shi ya manta. Bai cike gurbin da zato ba, ya bar shi a buɗe ya ce ga inda na manta. Kuma ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Baƙara, umarni ce a rubuta bashi a kafa shaidu, tsakanin mutanen da ba a tuhumar imaninsu.

Doki ko jaki

To mu dawo gidanku. Ban zauna da su ba, don haka ba zan yanke miki hukunci daga nesa ba, amma ga yadda zan bi abin da ni ne.

Da farko, yunwa da haraji ba kishiyoyi ba ne. A zamanin En'e ana karɓar haraji da kuɗi, kuma lokacin karɓa bayan kaka ne, ko daminar ta yi kyau ko ba ta yi ba. Magidancin da gonarsa ta ƙi, shi ne wanda zai sayar da ɗan abin da ya samu ko dabbarsa ya biya, shi ne kuma wanda zai yi ka-ce-na-ce da dagaci in ya kasa. Kakarki tana yarinya tana cikin gida, gefen murhu da turmi. Ita ta ga rumbu ya yi ƙasa, ta ga tuwo ya koma sau ɗaya. Ƙanenta yana zaure yana jin maganar maza, ya ga dogari ko ɗan aiken dagaci a ƙofa. Mai yiwuwa ne ƙwarai abu ɗaya suka gani, ita ta cikin gida, shi ta ƙofar gida. Na sha cin karo da irin wannan, kuma sau da yawa labarin mata ne ke riƙe da abin da aka ci da wanda ya mutu, na maza kuma ke riƙe da wanda aka yi rigima da shi.

Sannan ki lura da shekarunsu a lokacin. In shi ƙarami ne sosai, yawancin abin da yake "tunawa" ji ya yi daga baya. Ita ma ba ta tsira ba. Yunwa ta sha zuwa ƙasar nan, kuma babbar cikinsu a bakin tsofaffi ita ce Ƙaƙalaba ta 1913 zuwa 1914. Na zauna da mutanen da aka haifa shekaru bayanta, amma suna ba da labarin tonon gidan tururuwa don neman hatsi kamar da idonsu suka gani. Labarin iyayensu ne ya narke cikin nasu. Wasu kuma farin 1973 ne ya ba su launin da suke shafa wa kowace yunwa ta baya.

Dokin fa? Nan ne aka fi yin yaɓe. Doki martaba ce, jaki na talaka ne. In zuciya ta daɗe tana jin cewa da mun fi haka, jaki yakan girma ya zama doki, shanu biyar su zama garke. Kowa ya tuna bara bai ji daɗin bana ba. Amma kada ki yi saurin ba ƙanen gaskiya, don ana iya sayar da dokin tun bai yi wayo ba, ya tashi ya tarar da jakin da aka saya da canjin. Hanyar ganewa ita ce ki bar tambayar "doki ne ko jaki" gaba ɗaya, ki bi ta gefe. Ina ake ɗaure shi? Wa ke yi masa ciyawa? Akwai turke a gidan? Wace kasuwa aka kai shi? Wa ya saya? Mutum yakan gyara tsakiyar labari, inda darajarsa take, amma da wuya ya gyara gefe-gefen da bai ɗauka da muhimmanci ba. Ki zauna da kowanne shi kaɗai, kada ki gaya wa ɗaya abin da ɗayan ya ce, kuma kada ki gyara wa tsoho magana yana cikin yi. Don gano shekara, ki rataya labarin a jikin abin da aka san ranarsa: kafin rasuwar Sarkin Katsina Dikko a 1944 ne ko bayanta, kafin zuwan Sarauniyar Ingila Kaduna a 1956 ne, kafin a kashe Sardauna cikin azumin 1966 ne. In kin san sunan gundumarku ta wancan lokaci, Ma'adanar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna tana da rahotannin haraji da na damina da Turawan mulki suka bari. Su ma ki karanta su da ido biyu, don jami'in da ya rubuta yana da abin da yake so na gaba da shi ya ji. Marigayi Dakta Yusufu Bala Usman ya nuna wannan a kan Heinrich Barth, matafiyi Bajamushe wanda ya zo Katsina a 1851: ko baƙon da ya gani da ido ya rubuta nan take, sai an tambayi wa ya yi masa tafinta, wa ya sauke shi, kuma me ya zo nema.

Abu ɗaya zan ware. In kin ga kaka ta fara manta abin da ta ci da safe, ko tana ɓata a cikin gidanta, ko tana kiran jika da sunan wanda ya rasu, wannan ya fita daga fagena, na likita ne, a kai ta a duba ta.

Rijiyar Kusugu

Abin da ke faruwa a kan mutum ɗaya yana faruwa a kan gari. Ke 'yar Daura ce, kin san labarin tun kina goye: baƙo daga Bagadaza, ya bi ta Barno, maƙeran Gaya suka ƙera masa takobi, ya sauka gidan tsohuwa Ayana, ya nemi ruwa aka ce sai Juma'a, ya je Kusugu ya sare kan macijin, ya auri Daurama, aka haifi Bawo, daga nan Hausa Bakwai. Rijiyar tana nan, na sha ruwanta. Amma Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, a littafinsa Infaƙul Maisuri na 1812, ya kawo wata ruwaya da ta ce Bawo bawan Sarkin Barno ne. Wasu masana sun danganta Bayajida da Abu Yazid, wanda ya yi wa Faɗimiyawa tawaye a Arewacin Afirka aka kashe shi a 947, wasu kuma ba su yarda ba. Ni a ganina labarin yana ɗauke da gaskiya mai nauyi, amma ba irin ta rahoton ɗan jarida ba. Yana faɗin cewa mata sun yi mulki a Daura, cewa akwai tsohuwar alaƙa da Barno, cewa garuruwan nan suna ɗaukar juna 'yan'uwa, kuma suna ba Daura girman uwa. Wannan shi ne aikinsa, kuma don wannan aikin aka riƙe shi.

Irin wannan labari yakan bi halin da masu shi suke ciki. Wani masani Bature, Jack Goody, ya ba da misalin daular Gonja a arewacin Ghana. Farkon zuwan Turawa an rubuta cewa Jakpa, wanda ya kafa daular, 'ya'yansa bakwai, daidai da yankunan ƙasar bakwai. Bayan kamar shekara sittin, yankuna biyu sun ɓace, aka sake tambaya, sai aka ce 'ya'yansa biyar. Ba wanda ya zauna ya shirya ƙarya. Ko a nan gida, ki saurari kirarin Katsina. Wani ya ce "ta Korau ɗakin kara", wani ya ce "ta Dikko ɗakin kara". Dikko ya hau gadon sarauta a 1906, don haka na biyun ba zai girmi wannan shekara ba, amma yaro yana jin sa kamar da shi aka kafa garin.

Akwai kuma abin da ya fi damuna a aikina. Na taɓa ɗaukar wani dattijo a wani ƙauye a kan asalin garinsu, ya ba ni labari gajere mai ɗauke da sunan wata kuka da wani mafarauci. Bayan shekaru na koma, sai na tarar kukar da mafaraucin sun fita, sarakuna da shekarunsu sun shigo a jere. Da na bi sawu, jikansa ne ke karanta masa wani ɗan littafin makaranta. Rubutu ya koma ƙauye ya cinye abin da aka rubuta shi don a tsare. Na yi baƙin ciki ranar, don da ban riƙe kaset na farko ba, mafaraucin nan ya tafi ke nan har abada.

Ikon mai alƙalami

Wannan ya kawo mu tambayarki ta biyu. E, marubuci yana da ikon ya ƙara. In ba haka ba babu adabi. Ba wanda ya riƙe miki abin da mahaifin kakarki ya ce wa matarsa daren da za su tashi, kuma littafinki ba zai yi rai ba sai kin sa musu magana a baki. Sau da yawa ma ƙagaggen labari ne ke kai mai karatu inda takardar haraji ba za ta kai shi ba, wato cikin zuciyar mutumin da ke kwance turken dabbarsa.

Sai dai Bahaushe bai taɓa barin wannan iko sakaka ba. Mai tatsuniya takan buɗe da "ga ta nan, ga ta nanku", ta rufe da "ƙurunƙus", har ta ƙara da cewa ba don gizo ba da ta yi ƙarya. Ta sanar da kai irin ɗakin da ka shiga, ta kuma fito da kai. Mai ba da labari yakan ce "an ce" ko "wai" in bai gani ba. Mai sauraron makaɗin fada ya san aikin makaɗi ke nan ya ɗaga ubangidansa ya yi wa abokin hamayya zambo, ba wanda ke zuwa wurinsa neman adadin mayaƙa. Ko da rubutun boko ya zo, an ga wannan ladabi. Littafin Ganɗoki na Malam Bello Kagara, wanda ya fito daga gasar 1933, ya fara da yaƙe-yaƙen zuwan Turawa da sunayen mutanen da suka rayu, sannan ya wuce da jaruminsa ƙasashen aljannu. Mai karatu yana ganin inda ɗinkin yake, ya san inda tarihi ya tsaya almara ta karɓa.

Fim ne ya zo da sabuwar matsala, don ba ya cewa "ga ta nan". Mun ce gani ya kori ji, kuma haka ɗin ne: hoto yana korar abin da kaka ta faɗa. Ban san wanda kika kalla ba, amma na ga irinsu, inda za a sa wa sarauniyar shekara dubu leshi da atamfa, a sa wa jarumi riga mai aikin keke, a ajiye masara da tumatir a tsakar gida alhali daga nahiyar Amurka suka zo bayan 1492. Ba tufafin ne suka fi damuna ba. Abin da ke damuna shi ne yaron da ya kalla yana ɗan shekara takwas, bayan shekara hamsin zai ba jikokinsa wannan hoton a matsayin abin da ya gada daga magabata, kuma zai rantse da zuciya ɗaya, kamar yadda na riƙa rantsuwa da malamin lissafi. Littafinki ma haka zai yi wa danginku. Ranar da ya fito, in kin rubuta doki, to doki ne har abada, jikokin ƙanen kaka ma doki za su ce.

Don haka ga shawarata. Ki raba aikin biyu, kuma ki fara da wanda ba ya jira. Ki ɗauki muryarsu a waya, kowa daban, ki rubuta ranar da wurin da waɗanda ke zaune, ki kwafe maganar yadda ta fito ba gyara, da "wai" ɗinta da "na manta" ɗinta, ki ba wasu cikin dangi su ma su ajiye. Bayan nan ki rubuta littafinki da sakin zuciya, ki faɗa a farkonsa cewa ƙagagge ne da aka gina a kan labarin gida. In da ni ne ma, ba zan zaɓi tsakanin doki da jaki ba. Zan bar yarinya ta ba da nata daga madafa, yaro ya ba da nasa daga zaure, mai karatu ya zauna tsakaninsu yadda kike zaune yanzu. Abin da ban yarda da shi ba guda ne: ki ɗora wa mutumin da ya taɓa rayuwa laifin da ba ki da hujjarsa. Dagacin nan yana da jikoki, wataƙila kuna haɗuwa a biki. In labarin yana bukatar azzalumi, ki sauya suna da gari.

In kin je wurin kaka, kada ki fara da yunwa. Ki je da hantsi bayan ta karya, ki zauna ƙasa kusa da ita, ki tambaye ta waƙar da suke yi in suna daka a tsohon gidan, da sunan rijiyar da suke ɗibar ruwa. Ki bar ta ta kai ki turken da kanta.